Yadda zaka sari kifin teku a Elmina ka samu ribarka ba tare da ka sa hannu an kashe tekun ba

Jama'a da yawa daga zangunan Kumasi da Techiman har Tamale suna tambayata yadda ake shiga harkar kifi banda daga bakin teku, musamman Elmina, dan haka nace bari in zauna in rubuta abinda na sani yadda kowa zai amfana. Amma tun farko in faɗa maka gaskiya ɗan'uwa, sana'ar nan ba kamar yadda iyayenmu suka santa take ba, kifin ya ja baya sosai, kuma mu masu saye muna da hannu a ciki ko mun yarda ko bamu yarda ba, dan duk abinda kuɗinmu ya nema shi masunci zai shiga ruwa ya kawo.

Elmina, ko Edina yadda Fante masu garin suke kiransa, tana yamma da Cape Coast, tafiyar kilomita goma sha biyu ko kusan haka. In daga Akra kake ka hau mota a Kaneshie, in daga Kumasi ne ka biyo hanyar Assin Fosu ka sauka Cape Coast ka kama tasi. Abinda zaka fara hangowa shine farin ginin nan da turawan Fotugal suka gina a 1482, wanda mutanen Holan suka ƙwace a 1637, Ingila kuma ta karɓa a 1872, nan ne aka riƙa tsare bayi kafin a loda su a jirgi, kuma cikin waɗanda aka tsare ɗin akwai mutanen da aka gangaro dasu daga arewa, shiyasa ni ban taɓa wucewa ta gindinsa zuciyata bata sosu ba. To gindin ginin nan ne tafkin Benya yake haɗuwa da teku, akwai gada a wajen, in ka tsaya a kanta da sassafe zakaga kwalekwale ɗaruruwa sun cushe, kowanne da tutarsa da rubutunsa, manya manya da aka sassaƙa da wani ice da ake cema wawa, ana ta ihu ana sauke kifi a daro. An gyara tashar an buɗe sabuwa a 2023, amma yadda ake ciniki bai canza ba.

Abu na farko, ka san lokaci kafin ka ɗaure kuɗinka ka taho. Ranar Talata ba'a shiga teku, al'ada ce tun kaka da kakanni a gaɓar nan, ranar ce masunta suke ɗinkin koma suna gyaran inji, dan haka in ka iso Talata sai dai ka sayi wanda aka riga aka ƙyafe. Sannan kifin da ya riƙe wannan sana'ar, wato amane, wanda a Najeriya ake cema shawa, yana da kakarsa. Daga Yuli zuwa Satumba ruwa mai sanyi yakan taso daga ƙasan teku ya kawo abincin kifi sama, lokacin ne amane yake yawa yayi ƙiba, sai kuma wata ƙaramar kaka wajen Disamba da Janairu. Ka kuma riƙa duba wata, in farin wata ne kifi yakan yi ƙaranci ya hau kuɗi, in duhu ne ake cika kwalekwale. Wanda yake lissafin watan Musulunci wannan ba zai masa wuya ba, tsakiyar wata ka zauna gida, ƙarshen wata da farkonsa ka taho.

Akwai kuma rufe teku. Gwamnati ta fara rufewa masu kwalekwale a 2019 daga 15 ga Mayu zuwa 15 ga Yuni, daga 2021 aka maida shi watan Yuli gaba ɗaya, manyan jirage masu jan koma kuma wata biyu, Yuli da Agusta. A 2025 an cire masu kwalekwale daga rufewar an bar ta kan jirage, saboda haka kowace shekara ka saurari sanarwar ma'aikatar kamun kifi kafin ka shirya. Dalilin rufewar a fili yake, lokacin ne amane yake ɗauke da ƙwai, in ka fasa cikinsa a Yuli ko Agusta zaka gani da idonka, kuma uwa ɗaya da aka bari ta zuba ƙwanta tafi kwando guda da aka kama ta a ciki amfani. Ni dai a nawa ganin ko an ce masu kwalekwale su shiga, mai saye da yake da hali ya rage hannu a watan nan. Kuma ba baƙon abu bane a garin, dan tun kafin gwamnati ta san da wannan maganar mutanen Elmina suna hana su a tafkin Benya na wasu makonni, sai Talatar farko ta watan Yuli ayi bikin Bakatue a jefa koma sau uku a buɗe ruwan. Duk wanda ya san yadda Kabawa suke tsare Matan Fada a Argungu sai ranar biki zai gane hikimar nan take.

Abu na biyu, kar ka sauka daga mota ka nufi kwalekwale kai tsaye kace zaka saya hannun masunci dan ka tsallake dillali, wallahi bazai yiwu ba kuma zaka ɓata sunanka tun ranar farko. Kifin nan yana da masu shi tun kafin ya fito daga ruwa. Mata ne, su ne suke bada kuɗin mai da abinci da ƙanƙara kafin a tafi, wasu ma kwalekwalen nasu ne, in an dawo su ake saukewa. Suna da shugabarsu da ake kira konkohemaa, ita ce take tsayawa a yanke farashin ranar da kuma raba rigima tsakanin mata, su kuma masunta suna da apofohene, kamar dai sarkin ruwa a wajenmu. Ka nemi wani ɗan zango mazaunin garin ya kaika ka gaishe su, ka tafi da ɗan abin gaisuwa, ka ce Nana ga shugaba, Maame ga uwa, Egya ga dattijo, ka koyi maakye da medaase, wato ina kwana da na gode, ko da su kaɗai ka iya. Daga nan ka zaɓi mace ɗaya ko biyu ka riƙe su, kar ka zama mai tsalle yau nan gobe can saboda ragin sidi biyar. Matar da ta san kai nata ne ita zata kiraka ta ce kar kazo satin nan kifin ba kyau, kuma ita kaɗai zata faɗa maka gaskiyar wane kwalekwale ne yake su da fitila wane ne baya yi.

To yanzu ga inda maganar take, wato wane kifi zaka saya wane zaka bari.

Ka fara da girma. Dokar 2010 ta sa ƙa'idar tsawon da za'a iya saukewa, amane santimita 18, haka shima saman, wato ɗan uwan titus ɗinnan na ruwanmu. Ba sai ka yawo da abin awo ba, ka auna taƙin hannunka sau ɗaya a gida ka san inda 18 ta tsaya, ko kayi tsaga a jikin daronka. In ka tura hannu cikin daro ka ɗebo daga ƙasa, ba daga sama ba dan manyan ake jerawa a sama, kaga yawancinsu basu kai ba, to jarirai ne da basu taɓa yin ƙwai ba, ka barsu. Anan mutane suke ruɗewa, saboda akwai ƙananan kifin nan da ake cema 'yan makarantar Keta, wanda ake shanyawa ana daka shito dashi, shi halittarsa ce ƙarami, dokarsa santimita 6 ce kawai, sayensa ba laifi. Matsalar itace komar da ake kama shi da ita idonta ƙanana ne ƙwarai, sai ta kwaso harda 'ya'yan amane a haɗa a sayar maka a matsayin abu ɗaya. Ka duba da kyau, ɗan Keta siriri ne mai zagayayyen jiki da dogon baki da ya wuce idonsa, da farin zane a gefe, ɗan amane kuwa faffaɗa ne da ƙaramin baki. In kaga faffaɗan sun yi yawa a cikin kwando ka faɗa mata dalilin da yasa bazaka ɗauka ba, kar kayi shiru ka wuce, dan sai taji dalilin zata kaiwa mai kwalekwale.

Sai maganar saiko, wanda Elmina tayi suna a kansa. Ga yadda abin yake. Manyan jirage masu jan koma an basu lasisi ne su kama kifin ƙasan teku can nesa, amma sai suka koma kwasar amane da sauran ƙananan kifin da abincin masu kwalekwale ne, su daskarar dashi a jirgi falle falle kamar bulo, sannan wasu manyan kwalekwale da ba su suke ba su je tsakiyar teku su karɓo su kawo gari a sayar. Haramun ne a doka, amma an daɗe anayi ido na ganin ido. Ƙungiyoyi biyu masu fafutukar kare teku, EJF da Hen Mpoano, sun fitar da bincike a 2019 suka ƙiyasta cewa a 2017 kaɗai kifin da ya shigo ta saiko ya kai kimanin tan dubu ɗari, kuma EJF ɗin ta nuna cewa wajen kashi 90 cikin ɗari na jiragen nan masu su na gaskiya kamfanonin ƙasar Sin ne duk da tutar Ghana suke ɗagawa. Ka haɗa wannan da cewa amanen da ake saukewa a ƙasar ya faɗo daga sama da tan dubu 135 a 1996 zuwa wajen dubu 29 a 2016, sai ka gane me yasa masunci zai ƙona mai ya kwana biyu a ruwa ya dawo da daro uku. Tarayyar Turai ta ba Ghana katin gargaɗi a 2013, ta janye a 2015, ta sake bata a 2021 saboda irin wannan. Daga ƙarshen 2021 an matsa lamba sauke saiko a fili ya ja baya sosai, a 2025 kuma anyi sabuwar doka da ta tura manyan jirage daga mil shida zuwa mil goma sha biyu na awon teku daga gaɓa, wannan abin a yaba ne, amma kifin bai daina shigowa gaba ɗaya ba, wani yakan biyo ta kwali a mota.

Gane shi ba wuya. In an kawo maka bulon ƙanƙara, ka fasa kaga tarkace ne, amane ƙanana, kpanla ƙanana, 'ya'yan jan kifi, wani ya murƙushe wani ya lanƙwashe, iri biyar shida a haɗe ba tsari, to shine. Kifin kwali na halal da ake shigowa dashi ta Tema iri ɗaya ne girma ɗaya, da rubutun kamfani da kwanan wata a jiki. Nasan yana da arha, nasan kuma akwai matan da in babu shi murhunsu zai mutu a watannin da kwalekwale basa samu, bana zaginsu, yunwa ce da kuɗin makarantar yara. Amma kai da kazo da jari daga nesa kana da zaɓi, kuma ko ta fuskar kasuwa ma kifin da ya daskare ya narke ya sha rana kafin ya hau wayar ƙyafi baya riƙe jikinsa, kafin ka kai Tamale rabin kwandon ya zama gari.

Sannan akwai ɓarnar da wasu masu kwalekwale da kansu suke yi, dole a faɗa. Su da fitila, wato a ɗauki janareta a zura ƙwan lantarki mai ƙarfi cikin ruwa, kifi babba da ƙarami duk su taru a zagaye su da koma. Wasu basa tsayawa nan, sai su jefa nakiya ko kabaid ko wani magani dan kifin ya sume. Duk doka ta hana, haka ma komar roba mai zare ɗaya a teku, da koma mai ido ƙasa da milimita 25, wato inci ɗaya. Wannan ne ya taɓa cina, kuma daga ranar na koyi duba kifi. Na samu amane da arha hannun wani da ban sani ba, daro huɗu, nakai wajen tsohuwar da take min ƙyafi. Bata ce komai ba, ta ɗauki ɗaya ta danna da babban yatsa, wajen ya lotsa bai dawo ba, ta tsaga cikin da farce sai ga jini ya kwanta a jikin ƙashin baya, kayan cikin sun dame, ta lanƙwasa shi sai naji ƙashin ya riga ya karye a ciki. Tace ɗana wannan ba koma ce ta kashe shi ba. Duk da haka muka jera akan waya dan kar ayi asara duka, da aka zo juyawa sai fatar ta manne naman yana zubewa ta ramin wayar cikin wuta, abinda ya fita da siffar kifi bai kai daro ɗaya da rabi ba. Tun daga nan bana biya sai na tsaga biyu ko uku a gaban mai kaya.

Ga abinda zaka duba. Ido ya zama fes ya ɗan fito, ba jaja ba kuma ba wanda ya faɗa ciki yayi hazo ba. Ka ɗaga murfin kunnen ka leƙa jan naman nan da yake numfashi dashi, ya zama ja mai haske, in yayi ruwan ƙasa ko yana yauƙi ka ajiye. Jiki ya zama da tauri, in ka riƙe kai wutsiya kar ta langaɓe. Ka shinshina, ƙanshin ruwan gishiri zakaji, ba ɗoyi ba kuma ba warin fetur ko magani ba. In matan da suke wanke kifin suna kukan hannunsu na ƙaiƙayi, ka ɗauki maganarsu da muhimmanci. Kifin da aka tsinta a mace a gaɓa kuwa ko kyauta aka baka kar ka taɓa, a Afrilun 2021 da kifaye suka fito matattu a Osu da kuma dabbobin ruwa a Axim sai da hukuma ta bi tana roƙon mutane kar su ci dan wasu sun riga sun kwasa sun nufi kasuwa. Kunkurun teku da ƙwansa ma doka ta kare su, babu ruwanka dasu.

In ka samu mai kyau to saura kar ka lalata shi da hannunka, dan kifin da aka kama ta halal ya ruɓe a hannun ɗan kasuwa shima asarar teku ce, wani za'a sake shiga a kamo a madadinsa. Zafin gaɓar nan baya jira. Ƙanƙara kilo ɗaya ga kifi kilo ɗaya, a farfasa ta, ƙanƙara a ƙasa, kifi, ƙanƙara, kifi, a rufe da ƙanƙara, a bar inda ruwan zai tsiyaye. Kar ka ajiye daro a ƙasa cikin rana kana ciniki awa biyu. Amane da saman da tuna in suka sha zafi wani guba yakan taru a namansu da ake kira histamin, shine yake sa mutum yaci kifi fuskarsa tayi ja jikinsa ya kama ƙaiƙayi kansa na sarawa, kuma abinda mutane basu sani ba shine wuta bata kashe shi, ko ka ƙyafe ko ka soya yana nan. A wanke da ruwan famfo ko na rijiya mai tsabta, ba ruwan tafkin ba, duk wanda ya tsaya a gadar nan yaga abinda ake zubawa a Benya bazai so a wanke masa abinci da shi ba.

Wajen ƙyafi ka faɗawa mai yi maka tun farko ina zaka kai kayan. In kasuwar Kotokuraba ta Cape Coast ko Mankessim nan kusa zaka sayar gobe, ɗanyen ƙyafi na awa biyu zuwa uku ya isa, yafi nauyi da daɗi amma kwana biyu uku ne ransa. In arewa zaka, Techiman, Tamale, Bolga, Bawku, to sai busasshe ƙamas, awa goma zuwa goma sha takwas akan wuta mai sanyi ana sauya jerin wayoyin, na ƙasa ya koma sama, har in ka karya kaji ƙas kuma cikin ba danshi. Irin wannan yakan yi watanni in ana ɗan maida shi kan hayaƙi lokaci lokaci. Murhun da zaka fi gani shine Chorkor, na laka mai katakai da waya da ake ɗorawa bisa juna, an fara shi a unguwar Chorkor ta Akra a 1969, ya rage cin itace sosai akan na da. Amma yana da aibu, man kifin yana ɗiga cikin wuta, hayaƙin da ke tashi ya manne a jikin kifin da sinadaran da likitoci suka tabbatar suna jawo ciwon daji, ga matan su kansu idonsu da ƙirjinsu suna shan wahala. Shiyasa aka fito da wani sabo mai suna Ahotor, wato kwanciyar hankali da Fante, yana da faranti da ke tare man kar ya faɗa wuta kuma baya cin itace kamar wancan. Wasu matan suna kukan tsadarsa da kuma cewa baya sauri a lokacin da kifi ya yi yawa, kukansu gaskiya ne, dan haka in ka samu mai aiki dashi ka ƙara mata wani abu akan kowane kwando, kifin yakan fito da launi mai kyau kamar zuma ba baƙi ƙirin ba, kuma masu shaguna a birni suna biyansa da daraja.

Ka leƙa kuma kaga da me ake hura wutar. Banda roba, banda katako mai fenti, banda tsumma da leda. Banda kuma itacen nan da yake fitowa cikin ruwa a bakin tafki mai saiwoyi a waje, matan suna sonsa dan yana bada launi, amma cikin saiwoyinsa ne 'ya'yan kifi da jatan lande da ƙaguwa suke girma, kuma na gefen Benya an riga an sare da yawa. Ɓawon kwakwa da tukar rake suna bada launin da ake so ba tare da wannan ɓarnar ba.

Wajen ɗauri a bari ya huce sarai tukuna, in ka rufe shi da ɗumi zai yi gumi ya kama funfuna kafin ka kai Kumasi. Kwando, a shimfiɗa takarda mai kauri ta ruwan ƙasa, ba takardar buhun siminti da ba'a cire na cikin ba, a jera kai da wutsiya a zagaye a matse yadda bazai motsa ba, a rufe a ɗaure da raga. Ka tsaya da kanka lokacin lodi kar a ɗora buhun gishiri ko doya akai. Kuma dan girman Allah kar ka fesa maganin ƙwari a jikin kifi ko cikin kwandon, nasan ana yi, nasan ƙwaro yana cinye riba, amma abincin mutane ne, yara ne zasu sha miyar nan. Maganin ƙwaro shine bushewa da kyau, ɗaki mai iska, kwando bisa katako ba a ƙasa ba, da maida shi kan wuta in kaji ya fara laushi.

Sai lissafi, dan nasan abinda yake ranka kenan, in na ƙi na arha ta yaya zan yi gogayya da wanda ya saya. Gaskiya a satin farko zai fika. Amma ka riƙa rubutawa a littafi, daro nawa ka saya, kwando nawa ya fita, nawa ya isa kasuwa lafiya, nawa ya zama gari ka sayarwa masu abincin kaji, bayan tafiya uku huɗu ka duba da kanka. Babban amane mai ƙiba da aka kama da koma baya raguwa a wuta kamar jarirai, baya karyewa a hanya, kuma matan da suke sayen kifin miya da masu waakye da masu tuwo a zango sun san bambanci, in suka gane kayanka basa ɗaci basa gari kai zasu riƙa jira. Ka kuma rarraba hannu kar komai ya zama amane, tunda shi ne yafi shan wahala. Akwai tuna da ake ƙyafewa gunduwa gunduwa, akwai kifin ƙugiya da masu zuwa nesa da ƙanƙara suke kawowa, wanda shine su mafi tsabta dan ɗaya bayan ɗaya ake ciro shi kuma ƙugiya babba bata kama jariri, akwai momoni da kako na gishiri da basa tsoron hanya, ga gishirin kansa da ake yi a Elmina ɗin wanda zaka iya cika mota dashi in kifi yayi wuya.

In kana bada kuɗin mai kafin a shiga ruwa, wanda nan gaba in ka zauna da gindinka zaka fara, to a nan ne bakinka yake da ƙarfi. Ka faɗa a gaban matar da ta haɗaku da kuma wani dattijo cewa kuɗinka banda janareta banda magani, in aka kawo jarirai bazaka ɗauka ba, amma kuma ranar da suka dawo hannu rabbana kar ka tsaya musu a wuya kan bashi, ka ɗaga musu zuwa fita ta gaba, dan yawanci bashin mai ne yake tura mutum ya ɗauki fitila. Sannan tun watan Mayu da Yuni ka fara tara busasshe a ɗaki saboda watan rufewa in an sanar dashi, ka ware wani abu ka turawa mai ƙyafinka ta momo, wato kuɗin waya, a cikin Yuli in murhunta a kashe yake, ka rubuta shi a matsayin kafin alƙalami na kayan da zaka ɗauka in an buɗe ruwa.